Amsar tambayarka a kan jeren ɗakin amarya

Ɗana, saƙonka ya iso ni, kuma na yi farin ciki da jin cewa an ɗora maka tsara wuraren da za a ɗauki wasan talabijin ɗin nan mai dogon zango. Ka tambaye ni yadda ake jere a ɗakin amarya a cikin birnin Kano a shekarun 1960, da kuma ko akwai laifi kai namiji ka yi shi da hannunka.

Babu laifi, tun da sana'arka ce. Amma idan kyamara za ta nuna ranar jeren, kada a ga namiji a ɗakin, domin aikin gwaggwanni ne da ƙannen uwa da yayyen amarya, ita kuwa mahaifiyar ba ta taka ƙafarta can saboda kunya, balle a ce 'yar fari ce ake aurarwa.

Abin da nake so ka riƙe shi ne, kayan ɗaki daga gidan iyayen amarya suke fitowa, kuma kowane kwano yana da tarihinsa. Uwa takan fara tara su tun yarinya tana ƙarama, da kuɗin adashi da ribar tallan da yarinyar take kai mata, ta sayi kwano yau, ta sayi kwalla bayan wata uku, ta ɓoye a ƙarƙashin gado. Ranar jere sai a ɗora su hawa-hawa, babba a ƙasa ƙarami a sama, har su kusa taɓa azara, a sa tasoshi da fanteka a gefe, gadon ƙarfe mai rumfa kuma a jikin bango. Ba a cin tuwo a cikin waɗannan kwanuka. Dukiyar mace ce, ranar da buƙata ta taso ta ɗauki ɗaya ta sayar. Wasu ma na aro ne daga dangi, idan 'yan ganin ɗaki sun ɗauke ƙafa a mayar wa masu su a asirce, kuma ni ban taɓa ganin abin kunya a cikin wannan ba, rufin asiri ne na zumunci.

Saboda haka kafin ka sayi ko da cokali, ka zauna da darakta ya faɗa maka 'yar waye amaryar. Ɗakin 'yar attajirin da ke da rumfa a Kasuwar Kurmi dabam, na 'yar mai rini a Ƙofar Mata dabam, kuma mai kallo da ya san birni zai gane matsayin gidan daga yawan kwanukan tun kafin wani ya buɗe baki. Idan ka cika ɗakin talaka da sababbin kaya masu ƙyalli don hoto ya yi kyau, ka yi wa labarin ƙarya.

Na taɓa kallon wani wasa da aka ce na zamanin ƙuruciyarmu ne, sai ga bokitin roba na yanzu a bayan ƙofa, ana kuma ƙirga sadaki da naira, alhali naira ba ta zo ba sai 1973. Mu fam da sule da sisi da taro muka sani. Raina ya ɓaci ƙwarai, domin jikokina sun ɗauka haka muka rayu. Ka kula da ƙasan ɗakin ma, daɓe ne, bango ya sha farar ƙasa, haske kuma na fitilar ƙwai.

Game da gini, ka je Gidan Makama da Gidan Ɗan Hausa ka tsaya ka dubi bakan gizo da zankwaye da kyau. Jere kuwa sai a bakin tsofaffin mata, ka shiga Yakasai ko Mandawari da sallama da ɗan goro, ka saurara.

Akwai ragowar kwallayena da tasa biyu na mahaifiyata a cikin adudu. Ka zo ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci in nuna maka yadda ake ɗora su, ka tafi da su aro, amma ka sa a naɗe kowanne da tsumma kafin a sa a mota, don fentinsu ba ya son bugu. Ka gaida mahaifiyarka.

Gwaggonka.