Ba 15 ɗin nan kaɗai ake dubawa ba

Ka tambaye ni me ya sa na hana ka ɗaura wa mai motar nan tayar da ka ɗauko, alhali ita ma 15 ce kamar tasa. To zo ka tsuguna nan, sa hannu ka goge ƙurar gefen tasa, ka karanto min. 195/65 R15 91H. Yauwa.

Wannan 15 da idonka ya fara kamawa girman wili ne, inci 15. Iyakar abin da take faɗa maka shi ne tayar za ta hau wilin. 195 kuwa faɗin tayar ne a milimita. Inda yara ke rikicewa shi ne 65, don ita ba milimita ba ce, ba kuma inci ba. Kashi 65 cikin 100 ne na faɗin, shi ke ba ka tsayin gefen taya daga bakin wili zuwa zanen da ke taka ƙasa. Lissafa ka gani, kusan milimita 127 ke nan. Wadda ka ɗauko 195/55 ce, gefenta bai wuce 107 ba. Haɗa ragin sama da na ƙasa, ka ga tayar ta gaza da kusan santimita 4 a tsaye. Da ka ɗaura ta gefe guda, da mutumin ya tafi mota na janye shi, ya taka birki ta ƙi tsayawa daidai, gobe da sassafe ya dawo yana neman wanda ya yi masa aikin. R ɗin radiyal ce, wato nau'in ƙirar tayar, kusan duk ƙananan motocin yanzu ita suke sawa, kada ta ɗauke maka hankali.

91 lambar nauyi ce: kowace taya na ɗaukar kilo 615. H kuma iyakar gudu, kilomita 210 a awa. T 190 ce, V 240. Za ka iya sa wadda ta fi abin da kamfanin motar ya rubuta, amma ko mai mota ya roƙe ka, kada ka sa ta ƙasa.

Yanzu nemo inda aka rubuta DOT, ka bi layin har ƙarshe. Lambobi huɗun nan, 2319, lokacin da aka ƙera tayar ne, mako na 23 na shekarar 2019. Taya na iya zama da zane raɗau amma robar ta bushe, lanƙwasa gefenta kaɗan za ka ga tsatsattsage kamar ƙasan rani. In ta kai shekara 10, ni ba na ɗaura wa kowa, komai kyanta.

Af, na kuma ga kana buga iska da lambar da ke jikin taya. Wannan iyakar abin da za ta iya jurewa ne. Buɗe ƙofar direba, akwai 'yar takarda manne a jikin ƙarfen, da ita za ka saita geji, kuma ka auna tun taya ba ta ɗau zafi ba.