Poly Styrene: daga ina sunan ya fito?

Malam, ka tambaya ko Poly Styrene shi ne sunan yanka na mawaƙiyar nan ta kiɗan punk a Ingila. A'a, ita ta raɗa wa kanta. Sunan da iyaye suka sa mata Marianne Joan Elliott-Said, an haife ta a Bromley a 1957. Marianne haɗin Marie da Anne ne, kuma Marie tushensa ɗaya da Maryam. Said kuwa daga mahaifinta ya zo, ɗan Somaliya, Sa'idun da muka sani ne na Larabci.

A 1976, ranar da ta cika shekara 19, ta ga ƙungiyar kiɗan punk ta Sex Pistols suna wasa a garin Hastings, sai ta kafa ƙungiyarta, X-Ray Spex. Sunan wasan ta ɗauko shi ne daga farar robar nan mara nauyi da ake kare kaya da ita cikin kwali, wadda ake kira polystyrene da Turanci, domin waƙoƙinta suka ne ga zamanin roba da talla da saye-sayen banza. Faifansu Germfree Adolescents ya fito a 1978, shekarar da suka yi wasa a gangamin yaƙi da wariyar launin fata a Victoria Park na Landan.

Ni abin da ke burge ni, yarinya ce baƙar fata da wayar gyaran haƙori a baki, ta tsaya gaban taron da yawancinsa Turawa maza ne, ta ƙi yarda a mai da ita 'yar kwalliya. Sankarar mama ta yi ajalinta a 2011, tana da shekara 53.