Wane kanti zan riƙe? Amsoshin wasiƙunku kan cefanen wata

Maman Sadiƙ daga Ƙofar Ƙaura, Katsina, ta rubuto:

"Assalamu alaikum Hajiya. Tun bayan babbar salla maigida ya danƙa mini kuɗin cefanen wata a hannuna. Manyan kantuna biyu ne kusa da mu, kowanne na gida guda ne, uba da 'ya'yansa, kuma kowanne yana da rassa a cikin gari. Ɗaya ya fi araha, ɗayan ya fi tsabta da sanyi. Wanne zan riƙe?"

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Allah ya sanya albarka a wannan amana. Kafin ki dubi sunan da ke kan allo, ki fara sanin wanda ke zaune a reshen da za ki riƙa shiga. Kantin iyali a wajenmu yawanci da shago ɗaya yake farawa, Alhaji yana zaune a ciki da kansa. Idan Allah ya buɗa, sai a ba babban ɗa reshe, a ba ƙane wani, wani kuma a bar wa yaran shago. Suna ɗaya ne, amma hannu ya bambanta. Reshen da ɗan gida ke wuni a ciki, ya san kunyar sunan mahaifinsa, shi ne inda za ki kai kuka a saurare ki. Ki tambayi maƙwabta, za su faɗa miki wanda ke riƙe da kowanne.

Batun araha kuwa, kada ki yanke hukunci da sukari da taliya kawai. Mai kanti ya san kowa ya haddace farashinsu, don haka yakan sassauta a nan, ya fanshe a madara, man shafawa da kayan jarirai. Ki rubuta kaya goma da gidanki ba ya rabuwa da su, ki saye su a wannan kanti wata ɗaya, a wancan wata na gaba, ki ajiye rasit. Ki kuma duba nauyin da aka rubuta a jiki, domin leda biyu kan yi kama a ido alhali ɗaya giram 400 ce, ɗayar 350. Sannan ki kwatanta kuɗin da ke manne a kanta da wanda aka buga miki a rasit. Dokar kare masu saye ta 2018, wadda ta kafa FCCPC, hukumar tarayya mai kare haƙƙin masu saye, ta hana a karɓi abin da ya wuce farashin da aka nuna.

Inda na fi so ki tsaya ki natsu shi ne wajen firiza. Kin san zafin Katsina a watan Afrilu, kin kuma san wuta ba ta zama. Kantin da ba ya kunna janareta da dare, ko bai da sola mai ɗaukar firiza, kifinsa da kajinsa narkewa suke yi su sake daskarewa. Alamar ba ta ɓuya: ƙanƙara mai launin jini a ƙasan leda, nama ya manne ya zama dunƙule ɗaya, robar yogot ta kumbura. Ni da kaina na taɓa sayen kaza a wani kanti saboda ragin 'yan kuɗi kaɗan, yarana biyu suka kwana da ciwon ciki. Tun daga ranar, hannu nake sa wa a cikin firiza kafin in sa a jaka. Saboda haka idan kantin nan mai sanyi ya ɗara ɗan kuɗi a kayan firiza, kuɗin dizal kike biya, kuma ya cancanta.

Shawarata: kayan sanyi da na yara a mai tsabtar, sabulu da omo da kayan kwali a mai arahar, idan lissafinki ya tabbatar da ita. Gero, wake, masara da kayan miya kuwa, ki bar su a Babbar Kasuwa ko 'Yar Kutungu, inda za ki ga awon tiya da idonki, ki kuma yi ciniki.

Wani ango daga Daura ya ce:

"Hajiya, abokaina sun ce in daina sayayya a kantunan gari, in riƙa zuwa Kano duk ƙarshen wata, can ne manyan kantuna masu suna suke. Mu biyu ne kawai a gida."

Ɗana, Allah ya ba da zaman lafiya. Ku biyu, kada ka je. Tun da aka cire tallafin mai a watan Mayun 2023, kuɗin mota daga Daura zuwa Kano ta Kazaure, zuwa da dawowa, da kuɗin dako, zai cinye duk ragin da za ka samu. Araha ta gaske a Kano tana Kasuwar Singa, kuma ta masu sari ce, katan-katan. Idan kuna da gidaje biyar ko shida da za ku haɗa kuɗi, mutum ɗaya ya je ya saro ku raba, to wannan lissafi ne mai kyau.

Girman suna ma ba ya hana rufe ƙofa. Shoprite da ke Ado Bayero Mall a Kano ta rufe a watan Janairun 2024, masu kantunan gida kuwa suna nan. Ka tuna ƙarancin takardun naira na farkon 2023: wanda ya ba mutane shinkafa da mai a kan "sai taransifa ta shiga" shi ne mai kantin da ya san gidansu. Ka riƙe ɗaya a Daura, ka biya shi a kan lokaci, ya san fuskarka da ta amarya. Hatsi kuma ga Mai'aduwa nan kusa da kai.

Tambaya ta ƙarshe daga wata uwa a Sabuwar Unguwa: ta sayi madarar jariri, sai a gida ta ga wa'adinta ya wuce da wata biyu, yaron kanti kuma ya nuna mata rubutun rasit cewa ba a mayar da kaya.

Hajiya, kada ki ba jaririn ko cokali ɗaya. Wannan rubutu bai halatta sayar da abin da ya lalace ba. Ki koma da gwangwanin da rasit, kada ki tsaya jayayya da yaron, ki ce mai kantin kike son gani ko ɗansa, ki nuna masa kwanan watan cikin mutunci, ki roƙe shi ya sa a kwashe sauran daga kanta saboda 'ya'yan wasu. Mafi yawansu za su canza miki nan take. Idan ya ƙi, ki ɗauki hoton gwangwanin ta wajen kwanan wata da lambar rajista, ki kai ofishin NAFDAC na jiha tare da rasit ɗin.