Makarantar da ke karanta tarihin wasu duniyoyi, akwai ta?

Tambaya: Malam barka da warhaka. Ni ɗalibi ne a Samaru, abokina ya turo min wani rubutu a WhatsApp kan wata makarantar masana falsafa da wai suke nazarin tarihi da zamani a wasu duniyoyin da ba tamu ba, har suna kwatanta yadda abu ɗaya ya faru a nan da yadda ya faru a can. Da gaske ne ko tatsuniya ce?

Amsa: Ɗan'uwa, tatsuniya ce, irin wadda marubutan ƙagaggun labarai ke ginawa har su yi mata malamai da ɗarikoki da rigingimu don ta yi kama da gaske. Babu jami'ar da ake karanta wannan. Amma fa ba daga iska suka ɗebo ba, guntayen ilimi na gaske suka tsinto suka haɗa, shi ya sa take shiga kai.

Guntun farko daga kimiyya ne. A 1905 Einstein ya nuna cewa lokaci ba ya tafiya daidai wa daida ga kowa, ya danganta da gudun da abu yake yi, sai malaminsa Minkowski a 1908 ya ce to a haɗa lokaci da tsawo da faɗi da bisa su zama awo huɗu. Wannan kam an gwada. Agogon da ke cikin tauraron ɗan'adam na GPS yana wuce namu na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kullum, in an haɗa tasirin gudunsa da na raguwar ƙarfin janyowar ƙasa a can sama, kaɗan ne a ido amma da ba a gyara lissafin ba taswirar wayarka za ta riƙa kuskure da wajen kilomita 10 a rana guda, kana Tudun Wada ta ce kana wani gari. Sai kuma masanin kimiyya Hugh Everett a 1957 da ya kawo ra'ayin cewa duniya na rarrabuwa zuwa rassa masu yawa, kuma ka lura ko a ra'ayin nasa rassan ba sa aika wa juna saƙo, har yau babu wanda ya leƙa ya dawo.

To a nan maganar tarihi ta rushe. Mai tarihi da abin da ya rage yake aiki, takarda, waƙa, kufai, ganuwa, bakin tsoho da ya ji daga kakansa. Masanin tarihi Ibn Khaldun tun 1377 a littafinsa Muƙaddima ya ƙi yarda da labarin da masu tarihi ke yaɗawa cewa rundunar Bani Isra'ila ta kai mayaƙa dubu 600, ya ce a duba girman ƙasar, a ƙirga kakanni nawa ne tsakanin Annabi Yaƙub da Annabi Musa, lissafin ba zai tashi ba. Ka ga ya samu abin da zai auna labarin da shi. Mu ma nan, Sarauniya Amina da ganuwa ke ɗauke da sunanta, har yanzu masana na ja-in-ja ko ƙarni na 15 ta yi ko na 16, alhali a ƙasarmu ta rayu kuma akwai rubutu akwai labarin baka. Ina ga duniyar da ko ƙwayar ƙasa ba ta taɓa zuwa mana daga can ba? Da me za ka ƙaryata wanda ya ce an yi yaƙi a can?

Abin da ya ɗan yi kusa da wannan makarantar shi ne tambayar "da a ce", kamar da Turawa ba su shigo Zazzau a 1902 ba me zai faru. Masu tarihi kan yi wannan jefi-jefi don su gane wane dalili ne ya fi nauyi, kuma a ganina yana da amfani matuƙar mutum bai manta cewa zato yake yi ba.

Ka karanta abinka ka ji daɗi, ba laifi. In maganar lokaci ce ta kama ka sashen fiziks yana nan cikin makarantarku, in kuma tarihi ne ka nemi rubuce-rubucen marigayi Dakta Bala Usman kan yadda ake tantance madogara, sannan wata rana ka shiga mota zuwa Gidan Arewa a Kaduna ka ga tsofaffin takardu da idonka.