Amsa kan waƙar Sam Cooke ta 1964

Ka tambaya ko waƙar nan ta mawaƙin Amurka Sam Cooke, A Change Is Gonna Come, ta yi tasiri a kan mawaƙan da suka biyo bayansa ko kuwa dattawa ne kawai ke zuzuta ta. Ta yi sosai ɗan'uwa. Ta fito a 1964, shekarar da aka harbe shi ya mutu, ba a jima ba Otis Redding ya sake rera ta a 1965, Aretha Franklin ma a 1967, har Seal ya ɗauko ta a 2008.

Ni dai a sauraron da na yi musu, abin da suka koya a wurinsa shi ne ka ɗauko muryar coci ka ɗora kan kiɗa mai sanyi ka faɗi zafin wariyar launin fata ba tare da hayaniya ba, shi kansa ai an taɓa hana shi masauki a otal a garin Shreveport na Amurka a 1963 don shi baƙar fata ne, shi ya sa waƙar ke taɓa zuciya haka. Amma ka fara jin ta asalin kafin ta Otis, ka lura da yadda yake jan baitin farko, a nan za ka gane abin da kowa ya ɗauka.