Filin Tambaya da Amsa: Wane Ne Voldemar Panso?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni matashi ne a Garwa, kuma muna da ƙaramar ƙungiyar wasan kwaikwayo da ke wasa da Hausa da Fulatanci a bukukuwan makarantu. Matsalarmu ita ce duk wanda ya goge sai ya tafi Ngawundare ko Yawunde neman abinci, mu koma farko. Wani dattijo da ya yi karatu a Tarayyar Sobiyet ya ce mu nemi tarihin wani mai suna Panso, mutumin Istoniya. Wane ne shi?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗana. Dattijon nan ya san inda ya tura ku.

Istoniya ƙaramar ƙasa ce a bakin Tekun Baltik, mutanenta kusan miliyan 1.3, kuma suna da harshensu na kansu wanda ya fi kusa da na Finlan, ba shi da dangantaka da Rashanci. A can aka haifi Voldemar Panso, a garin Tartu, ranar 30 ga Nuwamba 1920. Ya kammala makarantar koyon wasan kwaikwayo a Talin, babban birnin ƙasar, a 1941, lokacin da mulki ke sauya hannu tsakanin Sobiyet da Jamus, sannan ya shafe shekaru yana fitowa a dandalin gidan wasan kwaikwayo na birnin. Daga baya ya tafi Mosko koyon ba da umarni a makarantar wasan kwaikwayo ta GITIS, ya gama a 1955, kuma cikin malamansa akwai Maria Knebel, ɗalibar Stanislavski, fitaccen malamin wasan kwaikwayo na Rasha.

Abin da ya koyo a wurin wannan malama ya cancanci a tsaya a kansa, domin zai yi muku amfani. Maimakon a miƙa wa ɗan wasa takarda ya haddace kamar mai tilawa, sai a fara tambayarsa abin da ya faru a wannan fitowa, da abin da mutumin da yake kwaikwayo ke nema a wurin abokin maganarsa. Daga nan sai ya tashi ya buga fitowar da kalmomin bakinsa, a dawo a duba rubutun marubuci, a ga inda aka kauce, a sake tashi. Sai a ƙarshe ake riƙe kalmomin marubucin, lokacin da ɗan wasa ya riga ya san dalilin kowace jimla. Na san yawancin ƙungiyoyinmu da baki suke tsara wasa, ba tare da rubutu ba, don haka rabin hanyar kun saba da shi. Rabin da ake tsallakewa shi ne komawa a auna abin da aka yi.

Da ya koma gida ya shirya wasanni masu yawa, ciki har da Hamlet na Shakespeare a 1966, da wasannin da ya tsamo daga littattafan Tammsaare, babban marubucin ƙasar, dukansu da harshen Istoniya, a zamanin da hukuma ke tace kowane wasa kafin a nuna shi. A 1965 ya kafa gidan wasan kwaikwayo na matasa, wanda yau ake kira Gidan Wasan Birnin Talin, kuma daga 1970 zuwa 1976 shi ne babban darakta a gidan da ya fara fitowa a matsayin ɗan wasa.

Amma a ganina dattijon ba don waɗannan ya ambace shi ba, sai don abin da ya yi a 1957, wato buɗe sashen koyar da wasan kwaikwayo a makarantar kiɗa ta Talin, wanda ya jagoranta har rasuwarsa ranar 27 ga Disamba 1977. Ba a ɗaukar ɗalibai kowace shekara. Ana ɗaukar aji ɗaya ƙarami duk bayan shekara biyu, ya zauna a hannun malami guda har ya gama. Mikk Mikiver, wanda ke cikin ajin farko da ya fita a 1961, shi ne daga baya ya shugabanci gidajen nan biyu da Panso ya taɓa riƙewa. Makarantar tana nan har yau, kuma ana ba fitattun ɗalibanta kyauta mai ɗauke da sunansa.

Ku a Garwa ba ku da albashin gwamnati kamar yadda yake da shi, kuma wannan bambanci ba ƙarami ba ne. Duk da haka za ku iya ɗaukar yara shida ko takwas daga makarantun da kuke yi wa wasa, ku damƙa su ga mutum ɗaya cikin gogaggunku na tsawon shekara biyu, kuma kada ku ɗauki wasu sai waɗannan sun shirya wasa guda da kansu sun nuna a gaban jama'a.