Trafficator: sunan da ke bakin kowa amma babu shi a littafin mota

Ga tambayar da ka kawo: "Maigida, mai mota ya ce mini trafficator ɗinsa na hagu ya mutu. Na bi littafin wayarin na motar shafi-shafi ban ga wannan suna ba. Na rubuta trafficate a waya, ta ja mini jan layi a ƙarƙashi. Turanci ne kuwa, ko mu muka ƙaga? Kuma wane suna zan rubuta idan zan sayo kaya?"

Ɗana, kalmomi biyu ka haɗa a tambaya ɗaya, kuma asalinsu ba ɗaya ba ne. Trafficator Turancin Ingila ne na gaske, sai dai tsohon yayi ne, masu shi sun ajiye shi tun da daɗewa. Trafficate kuwa a bakinmu ta yi ƙarfi, mu ne muke raye da ita.

Fara da ta farkon. An yanko traffic, wato zirga-zirgar ababen hawa, aka liƙa mata wutsiyar indicator, wato abin da ke nuni, sai aka samu trafficator. Abin da aka raɗa wa sunan kuma ba wannan fitilar mai ƙiftawa ba ce da kake gyarawa kullum. Wani ɗan hannu ne, tsawonsa kamar taƙin hannu guda, yana kwance a cikin wani rami a jikin mota, galibi a ginshiƙin da ke tsakanin ƙofar gaba da ta baya. Idan direba ya murɗa makunni, wuta ta shiga wani naɗin waya mai zama maganaɗisu, ya fizgi ɗan ƙarfen da ke cikinsa, sai hannun ya ɗago ya miƙe a gefen mota kamar yadda mai keke ke miƙa hannu in zai juya. A cikin hannun akwai ɗan siririn ƙwan fitila a bayan murfi mai launin ruwan lemo. Ba ya ƙiftawa, kunne yake zama har a kashe, sannan hannun ya faɗa raminsa da nauyin kansa. Kamfanin Lucas na Ingila ya ƙera su da yawa. Motoci irin su Morris Minor da Austin A30 da su suka fito, haka ma tsohuwar Volkswagen da muke kira ƙwaro, wadda ta riƙe nata a Turai har wajen 1960.

Abin yana da matsaloli masu yawa. Ƙura da tsatsa suna riƙe shi ya ƙi tashi, ko ya tashi ya ƙi komawa. Iska tana danne shi idan mota na gudu. Fasinja ya buɗe ƙofa ya fito da sauri ya karya shi da kafaɗa. Ga shi na baya ba ya hango shi sosai da rana. A Amurka kamfanin Buick ya fito da fitila mai ƙiftawa tun 1939, kuma daga shekarun 1950 zuwa farkon 1960 ita ta ture hannun a ko'ina. Morris Minor ta sauya a 1961. Da hannun ya tafi, Turawan Ingila suka koma cewa indicator, Amurkawa suka ce turn signal ko blinker. Mu kuwa motocin Ingila ne suka fara cika hanyoyinmu, direbobi da makanikai na wancan lokaci suka koyi sunan a jikin abin, da aka sauya abin sai suka ɗora tsohon suna a kan sabo. Shi ya sa har yau kake jin sa daga Legas zuwa Kano, a Gana ma haka.

Ita trafficate ga yadda ta samu. Mai jin Turanci ya san generator yana tafiya da generate, indicator da indicate, alternator da alternate. Da ya ji trafficator sai kunnensa ya ce dole akwai trafficate. Wannan ba jahilci ba ne, hanya ce da Turancin kansa ke bi: ai daga editor suka ciro edit, daga television suka ciro televise. Bambancin kawai shi ne waɗancan sun karɓa sun sa a ƙamus, trafficate kuwa ba ta zama ta kowa da kowa ba, shi ya sa wayarka ta ja mata layi. A watan Janairun 2020 babban ƙamus ɗin Oxford ya shigar da kalmomin Turancin Najeriya 29, ciki har da okada da danfo da tokunbo da Kannywood, amma trafficate ba ta cikin waɗannan 29 ɗin.

Ma'anarta ɗaya ce tak: a sa sigina kafin a juya ko a sauya layi. Ana cewa trafficate left, trafficate right, ko he did not trafficate. Ba ta ɗaukar abin da aka yi wa aiki, wato ba a cewa an trafficate mota. Baturen Ingila a wurin nan indicate left zai ce, Ba'amurke ya ce signal left. Wajen rubutu kuma ka kula: f biyu ne, c ɗaya, babu k, babu g. Kada hannunka ya zame ka rubuta trafficker ko trafficking, domin wannan safarar mutane ce ko ta ƙwaya, ita ce kalmar da ke cikin sunan hukumar NAPTIP. Ba abin da za ka so ya fito a rasit mai ɗauke da sunan garejinmu ba ne.

Ra'ayina shi ne kada ka taɓa gyara wa mai mota bakinsa. In ya ce trafficator, ko ya ce sigina kamar yadda yawancinmu ke faɗa da Hausa, ko ɗan Maraɗi ya ce clignotant da Faransanci, ka gane shi, magana ta ƙare. Inda kalmar ke cutar da mai sana'a wuri biyu ne. Na farko wajen neman kaya da karanta littafi. In ka rubuta trafficator ga mai sayar da kaya a Ingila, wancan hannun na tsofaffin motoci zai ɗauka kake nema. A littafin Toyota ko Honda ka nemi turn signal, a na motocin Turai ka nemi indicator ko direction indicator. A murfin akwatin fis za ka ga TURN, ko HAZ, ko su biyun a haɗe.

Na biyu ya fi muhimmanci, kuma nan nake so ka buɗe kunne. Sunan ɗaya ne a bakin mutane, amma abubuwa aƙalla biyar yake rufewa: ƙwan fitila, gidan fitilar da soket ɗinsa, sandar da ke jikin sitiyari, filasha (ɗan akwatin da ke sa fitilar ƙiftawa), da ɗan koren kibiya da ke ƙiftawa a dashbod. Wanda ya ce maka trafficator ya mutu bai gaya maka komai ba tukuna. Kai za ka ware. Kafin ka ɗauki sukundireba, kunna mota, sa siginar hagu, zaga ka duba gaba da gefe da baya, sa ta dama ka sake zagawa, sannan ka danna jan maɓallin nan mai kusurwa uku da ke kunna duka huɗun, wanda direbobi ke kira double trafficator, littafi kuma yake kira hazard. Minti biyu ne, amma rabin aikin ke nan.

Idan gefe ɗaya yana ƙiftawa da sauri kamar ana korar sa, ƙwai ɗaya ne ya ƙone a gefen, ko soket ɗinsa ya daina kamawa. Ga dalili. Ƙa'ida ita ce sigina ta ƙifta sau 60 zuwa 120 a minti. Ƙwan gaba wat 21 ne, na baya wat 21, na gefe wat 5. Raba 21 da bolt 12, kowane babba yana jan amfiya 1.75, su biyu 3.5, da ɗan na gefe kusan 4. Filasha tana auna wannan nauyi. In babban ƙwai ɗaya ya tafi, nauyin ya faɗi kusan rabi, sai ta ninka gudu da gangan don direba ya sani. Saurin ba lalacewar filasha ba ne, saƙo ne, kada ka sayar wa mutum filashar da ba ya bukata. Tsohuwar filasha mai aiki da zafi, wadda ɗan ƙarfe ke lanƙwashewa a cikinta in ya yi zafi ya miƙe in ya huce, ita sau da yawa tsayawa take yi fitila a kunne, domin wutar da ta rage ba ta isa ta zafafa ƙarfen ba.

Irin wancan saurin ne ke faruwa in aka sa ƙwayayen LED. Suna jan wuta kaɗan, filasha ta ɗauka ƙwai ya ƙone. Magani biyu ne: ko ka sa filashar da aka yi don LED, wadda na fi so in motar tana da filasha mai cirewa, ko ka haɗa rizisto mai om 6, wat 50, tsakanin wayar sigina da jikin mota a kowane ƙwai. Rizistan yana jan amfiya 2, ya maye gurbin nauyin da ya ɓace. Yana zafi sosai, don haka a jikin ƙarfe ake ɗaure shi da noti, nesa da roba da sauran wayoyi. Wanda ya naɗe shi da salatif ya cusa bayan bamba gobara ya dasa.

Idan babu gefen da ke aiki amma hazard na yi, ƙwayaye lafiya suke, filasha ma galibi lafiya. Duba fis ɗin da ke samun wuta bayan an murɗa makulli, sannan sandar sitiyari, sannan shi kansa maɓallin hazard, domin a motoci da yawa wutar sigina ta cikinsa take bi. In sigina da hazard duka sun mutu, je ka filasha da testa. A ta motocin Turai ƙafar da aka rubuta wa 49 ita ce shigar wuta, 49a fita zuwa sanda, 31 kuma ta jikin mota. A ta Japan za ka ga B da L da E a madadinsu. In akwai wuta a 49, 31 tana kama jiki da kyau, amma babu komai a 49a, to yanzu ka samu hujjar sauya ta. Sababbin motoci da yawa ba su da filasha daban, kwamfutar jikin mota ce ke ƙifta fitilun, ƙarar ƙas-ƙas ɗin ma daga wata 'yar lasifika take fitowa. A irin waɗannan kada ka ɓata yini kana laluben abin da babu shi, kuma kada ka ba wayar da ba ka tabbatar ba wuta kai tsaye daga batir.

Akwai wata da ke ruɗa sababbin yara: ka sa sigina sai fitilar baya gaba ɗaya ta riƙa lumshewa tare da ita, in an taka birki kuma komai ya tsaya. Wayar da ke kama jikin mota ce ta yi tsatsa ko ta saki a gidan fitilar. Wuta ta rasa hanyar komawa, sai ta bi ta cikin sauran ƙwayayen. Kwance notin, goge wurin da samfefa har ƙarfe ya yi fari, ɗaure tam, shafa ɗan giris a kai.

Wajen sayen ƙwai, lamba za ka faɗa, ba suna ba. P21W fari ne, ana sa shi a bayan murfi mai launi, kunnuwansa biyu suna fuskantar juna daidai. PY21W shi kansa ruwan lemo ne, don gidan fitila mai farin murfi, kunnuwansa kuma a karkace suke don kada a musanya su. In ka ga yaro yana danna ƙwai da ƙarfi ya ƙi shiga, ɗayan ya ɗauko a madadin ɗayan, kuma soket zai fasa. P21/5W mai zare biyu na birki da fitilar baya ne. Masu gindin gilashi da ake turawa kawai, 7440 mai zare ɗaya ne, 7443 mai biyu. Sannan ka lura da motocin da aka yi don kasuwar Amurka: a wasunsu siginar baya ja ce, ƙwai ɗaya take rabawa da birki. Mai mota zai ce an sa masa fitilar da ba daidai ba, alhali haka ta fito daga kamfani.

In sanda ce ta daina komawa da kanta bayan an gama kwana, ɗan robar da ke ƙarƙashin sitiyari mai ture ta ne ya karye ko ya goge. A littafi ka nemi combination switch ko turn signal switch. Kafin ka taɓa sitiyari mai jakar iska, cire kan batir na negetib ka jira aƙalla daƙiƙa 90, ka tsayar da tayoyi a miƙe, kuma kada ka bari naɗaɗɗiyar wayar da ke bayan sitiyarin ta juya.

Game da motar da ke gabanka: koma ka sa siginar hagun ka saurari gudun ƙarar. A katin aiki rubuta left turn signal, ka ƙara gaba ne ko baya, da lambar ƙwan da ka ciro. In mai motar ya dawo da yamma, ka ce masa trafficator ɗinsa ya tashi.